Lambar ’Yata a Layi na Tara

Masu bin wannan shafi, sannunku da haƙuri da ni. Wata baiwar Allah ta rubuta a ƙasan kashin da ya wuce cewa labarina ya cika wanke kai, wai duk inda aka juya ni ne mai gaskiya. To, Hajiya, ki gyara zama. Yau na zo miki da wanda ko sabulun kanti guda aka ƙarar a kaina ba zan fita ba.

Ga waɗanda yau suka fara leƙowa: shekarata arba’in da tara, furfura a gemu, sanƙo a tsakiyar kai. Shekara ashirin da biyu na yi ina gyaran rubutu a wata maɗaba’a, ina bin kuskuren mutane da jan biro, har ranar da aka rufe wurin aka miƙa wa kowa kwalinsa. Aurena ya mutu shekara goma sha ɗaya da suka wuce. Ina da ’ya ɗaya tilo, shekararta goma sha tara, tana wajen uwarta. Yanzu ina zaune a ɗakin baya na gidan Yayata, ni da keken ɗinkin da ya daina aiki da katifun baƙi guda uku. A cikinmu duka katifun ne kawai ake nema lokaci-lokaci.

Kuma, a wannan hali, ina son wata mata.

Nas ce a wani gidan raino, inda ma’aikata ke ajiye ’ya’yansu da safe su ɗauka da yamma. Mijinta ya rasu da daɗewa, Allah bai ba su haihuwa ba. Tana sa gilashi mai igiya, idan za ta faɗi magana mai nauyi sai ta cire shi ta sake shi ya faɗo ƙirjinta. A layin karɓar maganin hawan jini muka haɗu, ku ji irin soyayyar manya. Ta ga ina karanta takardar cikin kwalin magani ina girgiza kai, ta ce, “Malam, lafiya?” Na ce sun rubuta kalma ɗaya sau biyu. Ta yi dariya har sai da ta riƙe kanta. Wata bakwai ke nan, a wayata sunanta yana nan yadda na fara sa shi: Nas.

Ga inda na rusa kaina. Wata rana da azahar ta turo mini hoto, wani jariri ya yi barci a kafaɗarta, ya jiƙe mata wuyan riga da miyau. A ƙasa ta rubuta:

“Ka san abin da ke ba ni mamaki? A cikin iyaye maza goma, da kyar biyu suka san lambar takalmin ɗansu. Ni dai namijin da ya san yaro ya gama da ni.”

Jama’a, ina kwance a kan katifar baƙi, ba aiki, ba mota, ba gashi. Na duba hagu na duba dama, ban ga abin da zan nuna wa matar nan ba. Sai yatsana ya tafi shi kaɗai:

“Ai ni ma kusan ni na raini ’yata.”

Ku lura da kalmar “kusan”. Na sa ta ne don ta zame mini ƙofar gudu. Kafin sati biyu ta ɓace, ban san inda ta faɗi ba. Na zama mutumin da ya yi wanka da goyo da jinya. Duk sanda Nas ta tambayi wani abu sai in ɗauko abin da na ga uwar yarinyar tana yi, a ’yan lokutan da na ɗago kai daga takarda, in sa sunana a kai.

Da na fara yi mata maganar turo manya, ba ta ja ba. Ta ce abu ɗaya take so, ta ga ina fita da safe ina dawowa da yamma kamar kowa. Kwana uku bayan haka ta kira, murya cike da murna.

“An samu! Anti Babba tana neman namiji mai hankali, wanda zai riƙa raka yara a mota ya kuma zauna da ’yan shekara uku zuwa biyar a filin wasa. Na ce mata ina da mutumin da ya raini ’yarsa da hannunsa. Na tsaya maka. Ranar Talata ƙarfe goma intabiyu.”

Anti Babba ita ce mai gidan rainon. Shekara tara Nas tana aiki a ƙarƙashinta, ba ta taɓa kai mata kowa ba sai ni.

Na ce, “Madalla.” Na kashe wayar na zauna ina kallon keken ɗinki.

Da Yaya ta ji, sai da ta ajiye ludayin hannunta. Yayata ta ba ni shekara takwas, ta aurar da ’ya’ya biyar, kuma har yau idan ta kira sunana sai na duba ko rigata a gyare take.

“Raino? Kai?”

“Aiki ne, Yaya.”

“Na san aiki ne. Kai ɗin nake tambaya. Wa ka taɓa raina? Kai da aka ba ka yarinya ranar da aka sallamo su daga asibiti ka riƙe ta kamar an miƙa maka tire cike da kofuna?”

Ta ƙura mini ido, irin kallon da take wa kwanon da aka ce an wanke.

“Me ka gaya wa matar nan?”

Na gaya mata. Ban rage komai ba, don rage wa Yaya magana ɓata lokaci ne. Ta riƙe baki ta yi salati, ta ce girma ya faɗi. Na ɗauka za ta ce in je in warware. Amma Yaya ta fi shekara biyu tana son ɗakinta na baya, tana kuma son ta ga ƙaninta da aure kafin, kamar yadda take cewa, haƙoransa su fara bin gashinsa. Sai ta ja kujera.

“Tunda ka riga ka shiga, zauna in koya maka. Ɗauko filas ɗin can.”

Kwana huɗu muka yi. Filas ɗin shayi shi ne jariri. Na ɗaura masa famfas ya fi sau talatin, na kwantar da shi a kafaɗa ina bubbuga bayansa, na koyi ɗiga madarar kwalbar jariri a bayan hannu don jin zafinta. Yaya tana zaune da carbi tana jefo tambaya kamar alƙali.

“Yaro ya shaƙe da abinci!”

“In ba shi ruwa.”

“Ka kashe ɗan mutane. Sake!”

Mijin Yaya ya shigo ya same ni ina yi wa filas waƙa, ya tsaya a bakin ƙofa ya ce, “Allah ya raya.” Ya juya ya fita. Har yau ban rama ba.

Ranar Talata na sa farar riga mai dogon hannu, wadda na goge sau biyu, da baƙin wando da kwat ɗin da nake sawa idan manyan baƙi za su zo maɗaba’a. Kwat ɗin ya ƙi rufuwa a ciki, sai na bar shi a buɗe kamar da gangan. Na shafa turaren mijin Yaya ba tare da izini ba. Ina cikin motar haya saƙon Nas ya shigo:

“Kada ka ji tsoro. Ka faɗi abin da ka saba yi kawai.”

Na karanta sau uku. Da na faɗi abin da na saba yi, da minti ɗaya ya ishe mu.

Gidan rainon bene ne mai hawa ɗaya, an yi wa katangarsa fenti rawaya, an zana giwa da jirgin sama da wani abu da har yanzu ban gane ko kifi ba ne ko gajimare. A bakin ƙofa akwai kanta mai ramuka, kowane rami da ɗan takalmi a ciki da hoton mai shi. Ba a shiga da takalmin waje. Aka ba ni silifas na ma’aikata, ruwan hoda, ƙafata ta fi shi tsawo da yatsa biyu. Haka na shiga, sama babban mutum, ƙasa abin tausayi. Wurin yana ƙamshin hoda da dafaffiyar madara da maganin goge ƙasa. Ta wata ƙofa ana jin yara suna rera ƙirga, ɗaya daga cikinsu ya tsaya a kan “huɗu” ya ƙi gaba.

Aka miƙo mini fom. Suna, shekaru, aikin baya, duk na cike da rubutuna mai kyau, wanda shi kaɗai ne dukiyar da na fito da ita daga maɗaba’a. Sai layi na tara:

“Sunan yaron da ka taɓa kula da shi, ko na iyayensa, da lambar waya.”

Na daɗe biro na rataye a sama. Uwar yarinyar ba ta cikin lissafi, don ita idan aka kira ta sai an nemi kujera an zauna. Na ce a raina, wa yake kiran waɗannan lambobin? Cike gurbi ne kawai. Sai na rubuta sunan ’yata. Lambar kuwa sai da na ciro waya na kwafa, don ban haddace ba. A nan na ga ranar da muka yi magana ta ƙarshe. Wata biyar. Minti biyu da daƙiƙa goma.

Na yi tunanin in tura mata saƙo in ce wataƙila a kira ta. To in ce mata me? “’Yar Baba, idan an tambaye ki, ni na raine ki”? Na mayar da wayar aljihu.

Ofishin Anti Babba ɗan ƙarami ne, rabinsa kwalayen famfas ne har rufi. Ita kanta gajeriya ce mai kauri, da ɗankwali shuɗi da agogon maza a hannu, irin matan da idan suka ce “zauna” har kujerar sai ta nutsu. Kujerar manya biyu ce, tana kan ɗaya, Nas tana kan ɗaya a gefe da farar rigarta da littafi a cinya. Ni aka nuna mini ta yara, koriya, mai ƙafa huɗu gajeru.

“Ka yi haƙuri, Malam, da gangan ne,” in ji Anti Babba. “Wanda zai yi aiki da yara, a nan zai wuni. Ina so in ga ko gwiwa za ta yarda.”

Na zauna. Gwiwoyina suka zo daidai haɓata, ɗaya ta yi ƙara kamar an taka busasshen kara. Nas ta sunkuyar da kai tana danne dariya.

“Me ya sa namiji mai shekarunka yake son aikin yara?”

Wannan mun yi ta da Yaya. Na ce yara amana ne, kuma wanda ya ɗanɗani raino ba ya mantawa da daɗinsa. Na faɗe ta da sanyin murya har da ɗan lumshe ido. Allah ya yafe mini lumshe idon nan.

“Yaro ya ciji ɗan’uwansa. Me za ka yi?”

“Zan fara da wanda aka ciza, in duba wurin in rarrashe shi. Sannan in durƙusa daidai tsawon mai cizon, in gaya masa a gajarce cewa cizo da ciwo, ba a yi. Ba duka, ba tsawa. Da yamma a sanar da iyayen duka biyun.”

“A gaya wa iyayen wanda aka ciza sunan mai cizon?”

“A’a. Sai a koma rabon faɗan manya a bakin ƙofa.”

Ta ɗaga gira ta rubuta wani abu.

“Yaro ya shaƙe da abinci.”

Na ji muryar Yaya a kunnena. Na ce idan yana tari a bar shi ya yi tarinsa, idan ya kasa ko numfashi a kifa shi a buga tsakanin kafaɗunsa, wani kuma ya ruga ya kira Nas. Ba a ba shi ruwa, ba a zura yatsa a laluba.

“Wani ya zo ɗaukar yarinya, ya ce shi kawunta ne, yarinyar ma ta ruga ta rungume shi. Amma sunansa ba ya cikin takardarmu.”

Wannan ba mu yi ta da Yaya ba, kuma ita kaɗai ce amsar da ta fito daga cikina. Na ce, “Hajiya, shekara ashirin da biyu aikina shi ne in ƙi yarda da abin da ya yi kama da daidai sai na duba. Zan ba shi kujera, in ba shi ruwa, in kira uwar. Ko zai zage ni, sai dai ya zage ni a zaune.”

Anti Babba ta yi dariya a karon farko. Na saci kallon Nas. Fuskarta ta cika da irin hasken nan na wanda ya kawo kaya kasuwa aka yaba. Ta ɗan gyaɗa mini kai. Wallahi a lokacin har na fara hango kaina a filin wasa da usur a wuya.

Aka kawo ’yar tsana aka ce in sa mata famfas. Bayan filas, ’yar tsana mai ƙafafu hutu ce. Na gama cikin minti ɗaya.

“Ma sha Allah,” in ji Anti Babba. “An ga hannun da ya saba.” Ta jawo fom ɗina, ta bi shi da yatsa har ƙasa. “Saura abu ɗaya. Ni ba na ɗaukar mutum sai na ji daga bakin wanda ya riƙa. Kuma a gabansa nake kira, don kada a ce na ƙara ko na rage. Wannan ’yarka ce?”

Na ce, “Eh.” Ban san da wace murya ba.

Ta danna lambar a wayar ofis, ta sa a sifika, ta ajiye a tsakiyar tebur. Na roƙi Allah ya sa tana aji. Na roƙi ya sa cajinta ya ƙare. Na roƙi ya sa na yi kuskure wajen kwafa, ni da ban taɓa kuskuren kwafa ba. A ƙara ta uku aka ɗauka.

“Salamu alaikum?”

Muryar ta girma. Abin da na fara ji ke nan. Ta koma irin ta uwarta, mai ɗan kauri a ƙasa.

Anti Babba ta gabatar da kanta, ta ce mahaifinki yana gabana yana neman aikin kula da yara, ya ce shi ya raine ki, muna so mu ji yadda riƙonsa yake.



Na ƙirga numfashina, ɗaya, biyu, uku, huɗu. Zufa ta gangaro daga sanƙona ta shiga ido. Na riga na shirya. Na ce yanzu za ta ce, “Wane Baban?” kuma ba zan ga laifinta ba.

Sai ta ce, “Eh. Shi ya raine ni.”

Na ɗago kai.

“Ba mu labari kaɗan, ’yata,” in ji Anti Babba.

“To… kullum shi yake zuwa ɗaukata daga makaranta. Kafin a tashi yake zuwa. Akwai wata bishiya a bakin ƙofa, a nan yake tsayawa, don in na fito in gan shi da wuri ba sai na nema ba.”

Sau ɗaya na taɓa zuwa ɗaukarta. Uwarta ce ba ta da lafiya. Na je na tsaya a makarantar da ta bari tun shekarar da ta wuce, na yi awa guda ina faɗa da mai gadi.

“Shi yake min kitso ranar Lahadi,” ta ci gaba. “Bai iya ba, a karkace yake fitowa. Amma ba na yarda kowa ya tsefe.”

Anti Babba ta kalle ni tana murmushi. Nas ta dafe ƙirji.

“Da na faɗo daga lilo na karye a hannu, shi ya ɗauke ni a kafaɗa har asibiti, yana ta ba ni labarin wata akuya mai zuwa makaranta don kada in yi kuka. Ya san ba na cin ƙwai. Ko a gidan mutane aka ba ni, sai ya ɗauke daga kwanona ya cinye, ya ce shi ne mai kwaɗayin.”

Ranar da ta karye ina maɗaba’a muna fitar da wani littafin lissafi. Sai kwana na biyu na je. Na kai mata ’yar mota ta wasa wadda sai da hannu biyu ake murɗa ta. Maganar ƙwai kuwa, jama’a, a kujerar nan koriya na fara jin ta.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne ba ta laluben magana. Ba “am”, ba “wato”. Tana jero su a nutse, ɗaya bayan ɗaya, kamar mai karanta abin da ke rubuce a bango. Ga ni zaune, aiki ya zo hannu, mace ta zo hannu, abin da ya rage kawai in ci gaba da rufe bakina na minti ɗaya. Na iya rufe baki. Aure guda na kashe da shi.

“In na yi mafarki mai ban tsoro kuma…”

“Ya isa, ’yar Baba.”

Ni na faɗa. Na yi yunƙurin miƙewa don in faɗe ta a tsaye kamar namiji, kujerar ta biyo ni, ta maƙale a ƙuguna. Sai na koma na zauna. A zaune na yi ta, gwiwa a haɓa.

“Hajiya, duk abin da yarinyar nan ta faɗa, babu wanda na yi. Ko ɗaya. Uwarta ce ta yi wasu, sauran ban san wanda ya yi ba. Ban taɓa yi mata kitso ba, ban san hanyar ajinta ba. Famfas ɗin nan da kika gani, a jikin filas na koya, kwana huɗu, a kicin ɗin Yayata. Na yi wa Nas ƙarya don ta ga girmana, ita kuma ta ɗauko ƙaryar da zuciya ɗaya ta kawo miki. Ba ta san komai ba.”

Ta bango ana jin yaran sun koma waƙar sassan jiki, kai, kafaɗa, gwiwa. A wayar kuma ana jin numfashi. Sai ƙit, aka kashe.

Nas ta cire gilashinta ta sake shi. Ba ta ce komai ba. Na fi son da ta ce.

Anti Babba ta rufe fom ɗin, ta ɗora hannu a kai.

“Malam, na yi shekara ashirin ina wannan kiran. Na ji waɗanda aka yaba, na ji waɗanda aka tsine wa. Yau na fara ganin wanda aka yaba ya ce bai yarda ba.” Ta numfasa. “Amsoshinka daidai ne, ko a jikin tukunya ka koya. Amma ni ’ya’yan mutane nake riƙo, kuma ka shigo mini da ƙarya. Ba zan ce maka eh yau ba, ba zan ce a’a ba. Ka je. Ka bar mana silifas ɗinmu a bakin ƙofa.”

Sai da Nas ta riƙe kujerar ta baya kafin na fita daga cikinta. Ku auna wannan: matar da na kunyata a gaban shugabarta, ita ce ta cire ni daga kujerar yara.

Ta rako ni har bakin ƙofar waje. Na tsuguna ina ɗaura igiyar takalmi, na ƙi gamawa, don ban san abin da zan yi da fuskata ba idan na miƙe.

“Nas, don Allah…”

“Shekara tara,” ta ce a hankali. “Ban taɓa kawo mata ko mai shara ba.”

“Na sani. Ki yafe mini.”

“Da ka ce mini ba ka iya ba, da ni zan koya maka. Ba sai an wahalar da filas ba.” Ta kusa yin murmushi, ta fasa. “Da ka yi shiru a ciki, da ka samu aikin, da na aure ka, da wata rana na gane. Wannan ranar nake ta hangowa tun ɗazu.”

“Yanzu fa?”

“Yanzu ba ni ce a gaban layi ba. Ka ji muryar yarinyar nan kuwa? Ka je ka same ta. Ba a waya ba, da ƙafarka. In ka dawo ka zo ka gaya mini abin da ta ce, kada ka gyara ko kalma ɗaya, Malam mai jan biro. Daga nan zan san ko akwai maganar manya ko babu.”

Ta mayar da gilashinta, ta koma ciki, ta ja ƙofar.

Na taka har bakin titi. Wayata ta yi ƙara sau biyu. Na farko Yaya ce: “Yaya aka yi? An tambayi shaƙewa?” Na wuce shi. Na biyu daga ’yata ne, saƙo mafi tsawo da ta taɓa turo mini:

“Baba, me ya sa ka katse ni? Da ka bari na ƙarasa, da sun ɗauke ka. Kada ka damu wai na yi ƙarya saboda kai. Ba yau na shirya shi ba. Tun ina aji biyu nake ba ’yan ajinmu wannan labarin, har akuyar. Ban taɓa samun wanda ya ce ba haka ba ne sai yau.”

Tana aji biyu ban rabu da uwarta ba. Gida ɗaya muke kwana, ɗakinta yana kallon teburin da nake aiki.

Na tsaya a gefen titi da kwat a buɗe, babban mutum, ina goge ido da bayan hannu ina yi kamar ƙura ce. Na rubuta “Ki yi haƙuri” na goge. Na rubuta “Ina zuwa” na tura kafin yatsana ya sake yin shawara shi kaɗai. Nan take ta amsa:

“To.”

Na tsayar da tasi na shiga baya, na ja ƙofa da ƙarfi irin na mutumin da ya yanke shawara. Direban ya rage rediyo, ya dube ni ta madubi.

“Ina muka nufa, Alhaji?”

Na buɗe baki. Sai a lokacin na tuna ita da uwarta sun tashi daga tsohon gidan shekara biyu da suka wuce, kuma ban taɓa tambayar inda suka koma ba.